Uwayen Tukwanen Malam Jibirilu

Akwai mutumin da na zaga a tsakiyar kasuwar Nima, ranar Laraba, gaban masu tumatir da masu kifi, kuma har in koma ga Allah ba zan gama gode masa ba. Sunansa Baba Musah, mutumin Salaga. Ni kuwa Asana ce, 'yar Malam Jibirilu mai tukwane, kuma duk wanda ya san ni ya san bakina yana riga hankalina isa wuri.

Mahaifina daga Tawa ta ƙasar Nijar ya zo Ankara, babban birnin Gana, tun yana saurayi. Shi ya kafa gidan zubin tukwane a unguwar Maamobi, a gefen babban kwalbatin nan da ya raba mu da Nima. Tsofaffin fistan mota da fasassun kwanoni da duk wani tarkacen alminiyum yake tarawa, ya narke su da gawayi da zugazugi, ya zuba manyan tukwanen da ake kira dadesen. Aikin ba shi da wani asiri. Ana danna tukunya cikin yashi mai danshi a akwatin katako, a zare ta, gurbinta ya rage, sai a kwarara narkakken ƙarfe a ciki. Tukunyar da ma'aikata ke dannawa kullum, 'ya ake ce mata. Amma akwai uwaye, guda bakwai, daga lamba ɗaya har lamba talatin, waɗanda Baba ya goge da hannunsa har suna ƙyalli. Sau ɗaya a shekara, bayan babbar Salla, yake fito da su, ya zuba sababbin 'ya'ya daga jikinsu, ya mayar da su ma'aji. A dokar masu zubi, mai gida kaɗai ke taɓa uwa. Wanda ya danna uwa a yashi ya ce gidan nasa ne, wanda kuma ya ƙera sabuwar uwa ya buɗe nasa gidan ke nan. Na tashi na san wannan doka, amma ban taɓa tambayar dalilinta ba.

A ƙarshen shekarar sittin da tara aka ce duk baƙon da ba shi da takarda ya bar Gana. Baba bai taɓa riƙe wata takarda ba in ba ta Alƙur'ani ba. Ina da shekara goma sha bakwai muka hau babbar mota, ni da shi da Inna. Gidan zubi ya bar wa babban ma'aikacinsa, Baba Musah, wanda ya fi kowa daɗewa a bakin wuta kuma ya fi kowa rashin magana. Baba ya ce shekara ɗaya zai yi ya dawo. Ya rasu a wani ƙauye kusa da Tawa lokacin babban fari, Inna ta bi shi ba da daɗewa ba. Ni na auri wani ɗan Zongo, wato unguwar Hausawa ta Gana, muka koma Legas, shi ma Allah ya karɓi abinsa, ya bar ni da 'yan mata biyu. A farkon tamanin da uku Nijeriya ta ce mu 'yan Gana ne, mu kama gabanmu. Gana ta kore ni don ni ba tata ba ce, Nijeriya ta kore ni don ni ta Gana ce. Jirgin ruwa ya sauke mu a Tema da ƙullin kaya ɗaya da bokitin roba.

Goggo Damata, ƙanwar Inna, ita ta karɓe mu a ɗakinta na haya a Nima. Ɗaki ɗaya, mu huɗu, ga yunwar shekarar nan da wutar daji ta cinye gonaki, mutane na layi a kan dunƙulen kenke, tuwon masarar ƙasar, tun bai dahu ba. Abu ɗaya na sa a rai tun daga cikin jirgi, shi ne gidan zubin mahaifina. In yana nan, 'ya'yana suna da tudun dafawa. In babu shi, ba mu da komai a ƙasa uku.

Kwana biyu da zuwana na tsallaka kwalbati na nufi wurin. Rumfar da na sani ta zama gini na bulo da ƙofar ƙarfe, har da ɗan ofis. A sama an kafa allo shuɗi mai manyan baƙaƙe: Kamfanin Alminiyum na Musah Salaga da 'Ya'yansa. Na tsaya na karanta shi sau uku, ko zan tsinci sunan Jibirilu a wani lungu. Wani mutum mai riga da wando na Turawa ya fito daga ofis, ashe Jalilu ne, babban ɗan Baba Musah, wanda na bari yana makaranta. Bai gane ni ba, ni ma ban faɗi sunana ba. Na ce, "Gidan nan na wa ne?"

Ya ce, "Na babana ne mana. Ba ka ga allo ba? Takarda ma yana nan a ofis, da hatimin gwamnati."

A Zongo mace da namiji duk "kai" ake ce musu, ban yi fushi da wannan ba. Abin da ya tafasa mini zuciya shi ne yadda ya ce "mana". Na juya na koma, ko sallama ban yi masa ba.

Zongo ba ta riƙe labari. Kafin la'asar Baba Musah ya ji, ya zo ƙofar Goggo da kansa. Na ce a ce ba na nan, alhali yana jin muryata ta labule. Sau uku yana zuwa. A na ukun ya ce wa Goggo, "Mma Damata, ka gaya ma 'yar maigida ya zo gidan aiki. Akwai magana da ba a yi a titi."

Goggo ta shigo ta ce, "Ke Asana, tsoho ne fa. Kuma dokar lokacin ce ta ce baƙo ba ya mallakar ƙaramar sana'a, dole a sa sunan ɗan ƙasa, ba don haka ba da an rufe wurin."

Na ce, "Goggo, shekara goma sha uku doka tana riƙe masa hannu? Na san maganar da ba a yi a titi. Zai ba ni turmin atamfa da buhun masara, in sa albarka, in tafi. Ni ba bara na zo yi gidan ubana ba."

Goggo ta san irin kanmu. Maimakon gardama sai ta aro mini dadesen lamba ashirin wurin wata maƙwabciya, ta ce in fara sayar da waakye, shinkafa da waken da 'yan aiki ke karyawa da shi, kafin Allah ya kawo mafita. Tukunyar sabuwa ce, daga kamfanin Musah.

To ni akwai abin da na sani wanda ba kowa ya sani ba. Tun ina yarinya ni Baba ke sa wa gwajin sababbin tukwane. In ɗebo ruwa da olonka, gwangwanin awon nan na kasuwa, in yi ta zubawa har ya kai wuya. Lamba ashirin ta Malam Jibirilu olonka goma sha biyu take sha, ba ragi ba ƙari. Na wanke wannan, na fara zuba ruwa, hannuna yana lissafi da kansa. A na tara ruwa ya malalo ƙasa. Na zubar na sake, tara dai. Na kira maƙwabciyar na nuna mata.

Ta yi dariya ta ce, "Ei, sai yau ka sani? Duk Nima ya sani. Tukunyan Musah kowane shekara yana ƙanƙancewa, lamba kuwa yana nan yadda yake. Masu waakye na unguwan Madina sun daina saya koraa, gaba ɗaya. Kalabule ne, yana satan ƙarfe."

Kalabule a lokacin ba kalmar wasa ba ce. Ha'inci ke nan a ciniki, kuma wanda aka manna wa ita a bainar jama'a zai iya rasa shagonsa kafin rana ta faɗi. Na san haka sarai. Ina faɗa ne don kada wani ya wanke ni ya ce ban san nauyin abin da na ɗauka ba. A raina na ce, ya cinye gidan, ya goge sunan, ga shi yana ɓata aikin ma. Daɗi na ji, wallahi, daɗin wanda ya kama ɓarawo da kaya a hannu.

Ranar Laraba kasuwar Nima ke ci. Na ɗora tukunyar a ka, na riƙe olonka a hannu, na tafi inda aka ce mini yana tsayawa wurin masu sarin tukwane. Na same shi. Ya tsufa fiye da yadda na zata, ya rame, hannayensa duk tabon ƙuna, yana sanye da wata tsohuwar riga mai toka a kafaɗa. Da ya gan ni fuskarsa ta washe, ya ce, "Asana! Alhamdu lillahi."

Ban bari ya ƙarasa ba. Na dire tukunyar a gabansa har ta yi ƙara, na sa aka kawo ruwa, na auna a gaban mutane ina ƙirgawa da ƙarfi. Da ya malalo a tara, na buɗe baki. Na ce masa maci amana. Na ce ubana ya ɗauke shi ba shi da takalmi, ya koya masa sana'a, shi kuwa ya juya baya ya rubuta sunansa a kan gumin wani. Na ce ko tukunya ya kasa barinta da girman da Allah ya ba ta. Na faɗi kalmar nan ta kalabule, ba sau ɗaya ba. Mata suka taru, wasu na cewa a gaya masa, wasu sun kama baki.

Ya tsaya ya saurare ni har numfashina ya ƙare. Sai ya duƙa ya zubar da ruwan, ya ɗauki tukunyar ya riƙe a ƙirji. Ya ce, "Gaskiya ka faɗa, tukunya ya ragu. Zo mu je gida. Su ma duk wanda yana so ya zo."

Na so ya yi musu, don in sami na ƙarawa. Da bai yi ba sai na rasa yadda zan yi da fushina, na bi shi. Mata kusan goma suka biyo mu, har da Goggo da aka je aka kira tana ɗaura ɗankwali a hanya. Muka tsallaka kwalbati, muka wuce wurin wuta da ma'aikata suka tsaya suna kallonmu, muka wuce ofis, har wani ɗan ƙaramin ɗaki a can baya. Ban da tabarma da buta da buzun salla babu komai a ciki. Ashe nan yake kwana, iyalinsa suna Kawukudi.

Ya ce, "Jalilu, kawo diga."

Jalilu ya dube ni, yanzu ya gane ni, ya dubi ubansa. Ya kawo digar ba da son ransa ba. Aka naɗe tabarma, aka fasa siminti daidai inda tsohon ke sa kansa. A ƙarƙashi akwai katako, a ƙarƙashin katako rami, a cikin rami buhunan algarara guda bakwai. Tun kafin a ɗago su na ga ɗaurin bakinsu, na gane shi. Baba yana da wani irin ƙulli da yake yi, ninki biyu da ɗan kunne a gefe, shi yake yi mini a bakin zane ina ƙarama.

Baba Musah ya ce, "Ban kwance ba. Yadda maigida ya ɗaure, haka yake. Kwance da hannunka."

Igiyar ta bushe, sai da na sa haƙori. Na zare buhun, ga lamba ashirin, uwa, shafe da man kaɗe da ya daskare ya yi fari. Goggo ta ce, "La'ilaha illallahu."

Baba Musah ya zauna a bakin ramin ya yi mini bayanin abin da ban taɓa tambaya ba. Ya ce ƙarfe in ya huce yana tsukewa. Kowace tukunya tana fitowa ƙasa da wadda aka danna da ɗan kaɗan, kamar kaurin farce. Shi ya sa mai gida ke komawa ga uwa duk shekara, don awo ya tsaya. Da Baba ya tafi, 'ya'yan da ya bari suka yi aiki shekara biyu suka lotse. Ba mai gida, ba mai taɓa uwa. Sai ya zuba sababbi daga tsofaffin 'ya'yan. Waɗannan ma suka gaji, ya zuba daga jikinsu. Jika ta haifi tattaɓa kunne, haka har sau bakwai, kowace tana ƙasa da ta gabanta.

Na ce, da muryar da ban san tawa ba ce, "Baba Musah, ai da ka fito da su. Wa zai ce maka don me?"

Ya ce, "In na danna uwa, na ce gida nawa ne. Gida ba nawa ba ne."

Nan Jalilu ya kasa daurewa. Ya ce, "Yaaya Asana, ka tambaye shi sau nawa na roƙe shi! Na ce to mu ƙera sabon uwa, kafinta yana nan a Adabraka, kwana uku ya gama. Ya ce wanda ya ƙera uwa ya buɗe gidan kansa. Masu saya suna gudu, ana zagin mu a kasuwa, ni ina jin kunyan faɗin sunan babana a trotro, cikin motan haya. Na ce Malam ya mutu, an gaya mana ya mutu. Ya ce Malam yana da ɗiya." Hawaye yake yi, babban mutum da gemunsa.

Tsohon ya ce ya aika saƙo Tawa ta hannun fataken goro ya fi a ƙirga, wasu suka ce mun koma Maraɗi, wasu suka ce Kano. Allon waje kuwa, ya ce, da hannun hagu ya nuna shi, na gwamnati ne, an rubuta don kada a rufe ƙofa. "Takarda yana magana da ofis. Uwa yana magana da mu. Ɗauki kayanka, 'yar maigida."

Kunyar da na ji ranar ban taɓa jin irinta ba, kuma ba na fatan maƙiyina ya ji. Mutumin nan ya ɗauki sunan mai ha'inci shekara da shekaru don kada ya ci amanar matacce, ni kuma, wadda ya yi dominta, na zo na ƙara masa a gaban kasuwa. Matan da suka biyo ni don kallon faɗa suka fara zamewa ɗaya bayan ɗaya. Maƙwabciyar da ta ara mini tukunya ta tsaya a bakin ƙofa tana ta "Baba, ka yi haƙuri, Baba, ka yi haƙuri."

Baba Musah ya sa aka kawo akwatin yashi har ƙofar ɗakin. Mace ba ta zubi, amma ba wanda ya tanka. Na goge man kaɗen da gefen zanena, na kife uwar, ma'aikata suka zuba yashi, na danna da tafin hannu yadda na ga Baba yana yi. Aka hura wuta, aka zuba. Da ta huce Goggo ta miƙo olonka, na auna, ta sha goma sha biyu cif. Ma'aikata suka yi kabbara. Wani tsoho a cikinsu da ya yi aiki da Baba ya juya wa mutane baya yana share ido da hularsa.

Na dubi Jalilu. Yana tsaye jikin bango, ya sunkuyar da kai. Shi ya gina bulon nan, shi ya yi ta zirga-zirga a ofisoshi, kuma a cikin awa ɗaya ya koma ɗan ma'aikaci a gidan wata da ta sauko daga jirgi da bokitin roba. Na san wannan tsayuwar, don na yi ta sau biyu a bakin iyaka. Na ce a gaban kowa, gidan nan daga yau na gida biyu ne, na Jibirilu da na Musah, a allo da a takarda da a wurin uwaye. Na ce duk bayan Salla hannu biyu za su fito da su, nawa da na Jalilu. Baba Musah ya so ya yi gardama, Goggo ta ce, "Yi shiru, Musah, yau dai bakinta ya faɗi abin kirki, kada ka tare shi." Aka yi dariya, har Jalilu.

Da mutane suka watse na koma ɗan ɗakin. Baba Musah yana zaune a kan buzunsa kusa da ramin da ba komai a ciki. Na durƙusa na ce ya yafe mini. Ya ce ya yafe tun a kasuwa, wai da ya ji yadda nake ƙirga olonka ya san jinin maigida ne. Na ce ya faɗi duk abin da yake so a gidan nan, in dai ina da iko, an yi.

Ya daɗe yana murza tasbaha. Sai ya ce, "Abu ɗaya. Tsohuwana ya rasu a Salaga, shekara uku ke nan da azumi. An aiko, ban je ba. Lokacin ƙarfe ya yi wuya, ana narke har cokali. In na kwana waje, yunwa zai sa wani ya tona, ba don mugunta ba. Ban ga kabarinshi ba har yau." Ya ɗago ya dube ni. "Yanzu mai gida ya zo. Ka ba ni izini in je."

Tsoho mai furfura, sa'an mahaifina, yana neman izinina ya je kabarin uwarsa. Na buɗe baki, karo na farko a rayuwata magana ta ƙi fita. Da ƙyar na ce, "Baba, je ka."

Shi ne umarni na farko da na bayar a kamfanin nan, kuma a durƙushe na ba da shi.